Ƙarin Girma A Aikin Gwamnati: Wanda Ya Daɗe, Wanda Ya Iya, Ko Wanda Kason Jiharsa Ya Zo?

Duk wanda ya saba zama a rumfunan 'yan kasuwarmu da ke Akodesewa, nan gabashin birnin Lome kusa da tashar jiragen ruwa, ya san cewa akwai labarin da ya fi na tashin farashin shinkafa ko faɗuwar naira a gaban sefa saurin yaɗuwa, wato labarin an canja shugaban duwan a wata iyaka. Kafin la'asar za ka tarar an san sunan sabon, an san garinsu, an san shekarun da ya yi yana aiki, an kuma ƙirga mutum nawa aka tsallake kafin a kai kansa. Dalili kuwa a fili yake. Mutumin da ya ɗora dukiyarsa a kan tirela daga Lome zuwa Sinkase, ko ya bi ta Hilakonji da Seme ya nufi Legas, ya san cewa sa hannun jami'i guda na iya sa kaya su wuce cikin yini ɗaya, ko kuma su yi mako suna shan rana, direba na cin kuɗin abinci, mai kaya na cin bashi.

Shi ya sa muka ga ya dace mu duba wannan batu na ƙarin girma a aikin gwamnati, wanda da yawa daga cikinmu ke ɗauka rigimar 'yan boko ce kawai. Jami'in da ya shekara goma a kan muƙami guda, yana kallon yaran da ya koya wa aiki suna wuce shi, shi ne wanda za mu tarar a bakin shinge, kuma ba a ofishin minista yake huce haushinsa ba.

Abin da ya faru a nan Togo

Idan masu karatu ba su manta ba, a watan Disamba na shekarar 2012 ne aka yi dokar da ta haɗe hukumar duwan da ta haraji a wuri guda, aka kafa hukumar tara kuɗin shiga ta Togo da ake kira OTR, wadda ta fara aiki a 2014. Da aka tashi naɗa mata shugaba, ba a ɗauko wanda ya fi kowa daɗewa a duwan ba, ba a ma ɗauko ɗan ƙasa ba. An ɗauko Henry Gaperi ne, mutumin Ruwanda da ya taɓa shugabantar irin wannan hukuma a ƙasarsu. Su kansu ma'aikatan duwan da na haraji sai da aka tace su, waɗanda ba su samu shiga sabuwar hukumar ba aka rarraba su zuwa wasu ma'aikatu. Mutum ya shekara ashirin da kakin duwan a jikinsa, sai ga shi a wani ofis yana jera takardu.

Hujjar gwamnati ita ce kuɗin shiga na zurarewa, kuma baƙon da ba shi da ɗan'uwa ko suruki a cikin ma'aikata zai fi iya tsawatarwa. Waɗanda abin ya shafa kuwa gani suke yi an zubar da shekarunsu a ƙasa. A 2017 Gaperi ya bar kujerar, aka miƙa ta ga Kodjo Adedze, wanda shi ɗan gida ne, a duwan ya taso. Mu riƙe wannan a zuciya, domin za mu ga irinsa a Nijeriya.

A tsarin aikin gwamnati da Togo da Nijar da Benin suka gada daga Faransa, ƙofar shiga ita ce jarrabawar nan da mutanenmu ke ce wa konkur. Bayan an shiga, ƙarin mataki na albashi yana zuwa ne bisa shekaru, kusan kowace shekara biyu, matuƙar mutum bai yi laifi ba. Amma tsallakawa daga aji zuwa aji na sama sai an zaɓa, kuma kujerun saman ƙididdigaggu ne. A takarda dai babu kason yanki ko na ƙabila. To sai dai duk wanda ya zauna a Togo zamanin Janar Eyadema, daga 1967 zuwa 2005, ya san ƙorafin da aka daɗe ana yi cewa 'yan ƙabilar Kabiye ne suka fi yawa a soja, kamar yadda mutanen arewacin ƙasar ke cewa tun zamanin Turawa 'yan kudu ne suka cika ofisoshi saboda su suka riga samun makaranta. Wato rashin rubuta kaso a doka bai hana a yi ta ƙirga na wa ya fi yawa ba.

Nijeriya ta rubuta nata a doka

A Nijeriya an fito fili an rubuta. Sashe na 14 na tsarin mulkin 1999, wanda ya gaji na 1979, ya ce kada wasu 'yan jihohi ko wata ƙabila su mamaye gwamnatin tarayya da hukumominta. A 1996, zamanin Janar Sani Abacha, aka kafa Hukumar Raba Daidai don ta sa ido a kan haka, kuma ƙa'idarta ita ce kowace jiha ta samu abin da bai gaza kashi 2.5 cikin ɗari ba, bai kuma wuce kashi 3 ba, Abuja ta samu kashi 1.

Abin da mutane da yawa ba su sani ba shi ne, a ƙa'ida wannan kaso a bakin ƙofa yake aiki, wato lokacin ɗaukar aiki. Da zarar an shiga, ƙarin girma na bin wata hanya dabam. Ma'aikaci mai mataki na 7 zuwa na 14 sai ya yi aƙalla shekara uku kafin ya zauna jarrabawar ƙarin girma, mai mataki na 15 zuwa sama kuma shekara huɗu. A wajen ba da maki, jarrabawa ke ɗaukar kashi 70, rahoton da shugabanka ke rubutawa a kanka duk shekara ya ɗauki 20, daɗewa a aiki kuma 10 kacal. Sannan ko ka ci, sai in akwai gurbi. Nan ne gizo ke saƙa, domin mutum na iya cin jarrabawa sau uku a jere a ce masa babu gurbi, ya koma ya jira baɗi.

Amma da an kai can ƙoli sai kason ya sake dawowa. Kujerar babban sakatare ta jiha-jiha ce. Idan babban sakataren da ya fito daga Katsina ya yi ritaya, daraktocin da suka fito daga Katsina ne za su zauna jarrabawar cike gurbinsa, ko da kuwa akwai wani darakta daga wata jiha da ya riga su shiga aiki da shekara biyar. Wannan daraktan zai ci gaba da ce wa ƙaninsa a aiki ranka ya daɗe, har ranar da kujerar jiharsu ta faɗi, in ta faɗi kafin ya cika shekara 60 da haihuwa ko 35 a bakin aiki.

Tushen abin

Ruwa ba ya tsami banza. Kafin a samu 'yancin kai, yawancin akawuna da ma'aikatan jirgin ƙasa da na gidan waya a Kano da Kaduna da Zariya 'yan kudu ne, saboda makarantun mishan sun daɗe a can. Daga 1954 gwamnatin Jihar Arewa ƙarƙashin Sardaunan Sakkwato Sa Ahmadu Bello ta ɗauki manufar mayar da aikin gwamnati hannun 'yan Arewa: in akwai ɗan Arewa da zai iya, shi za a ba, in babu, a ɗauki Bature na wucin gadi, wanda za a iya sallama in an samu ɗan gida. Aka dinga tura samari Kongo a Zariya ana koya musu aikin mulki cikin gaggawa. A soja ma, a 1961 lokacin Muhammadu Ribaɗu na ministan tsaro, aka sa ƙa'idar cewa rabin waɗanda za a ɗauka aikin hafsa su fito daga Arewa, Gabas da Yamma su raba sauran rabin.

Sai aka yi juyin mulkin 15 ga Janairu 1966, aka kashe Sardauna da Firayim Minista Abubakar Tafawa Ɓalewa da manyan hafsoshin Arewa irin su Birgediya Zakariya Maimalari da Kanar Kur Muhammad. Janar Aguiyi-Ironsi da ya karɓi mulki ya yi abu biyu da suka shafi maganarmu kai tsaye. Na farko, ya ƙara wa hafsoshi 21 girma zuwa laftanar-kanar, 18 daga cikinsu Ibo ne. Masu kare shi sun ce ai bisa jerin daɗewa aka bi, kuma a wancan mataki Ibo ne suka fi yawa. Watakila haka ne. Amma sojan Arewa da ke bariki, wanda watanni kaɗan da suka wuce aka kashe masa shugabanni, bai ga jerin daɗewa ba, abin da ya gani dabam ne. Na biyu, a ranar 24 ga Mayu ya fito da Dokar Soja mai lamba 34, wadda ta rushe jihohi ta kuma haɗe aikin gwamnati ya zama ɗaya a duk ƙasa. Ma'aikatan Arewa suka fahimci cewa in aka zuba kowa a jeri guda bisa takarda da shekarun aiki, su ne za su koma ƙasan jerin a cikin gidansu. Kwana biyar bayan haka tarzoma ta ɓarke a garuruwan Arewa, ana kiran araba, aka yi asarar rayuka masu yawa, akasarinsu Ibo mazauna Arewa waɗanda ba su san hawa ba ba su san sauka ba.

Bayan juyin mulki na biyu a watan Yuli, Laftanar-Kanar Yakubu Gowon ya zama shugaban ƙasa alhali akwai Birgediya Babafemi Ogundipe da ya fi shi girman muƙami. Ɗaya daga cikin hujjojin da Ojukwu ya riƙe na ƙin yi wa Gowon mubaya'a ke nan, cewa an tsallake na gaba. Kowa ya san inda aka ƙare a 1967. Wani abin mamaki, dokar da ta kafa Hukumar Raba Daidai bayan shekara talatin ita ma lambarta 34.

Rigimar wa'adin shekara takwas

A 2009, zamanin marigayi Shugaba Umaru Musa 'Yar'aduwa, shugaban ma'aikatan tarayya Stephen Oronsaye ya fito da wata ƙa'ida: darakta ba zai wuce shekara takwas a kan kujera ba, babban sakatare kuma shekara huɗu ne, ana iya sabunta masa sau ɗaya. Hujjarsa ita ce saman ya toshe. Wasu sun hau kujerar darakta tun da sauran ƙuruciyarsu, sun zauna sun ƙi motsi, mataimakansu na tsufa suna yin ritaya a ƙarƙashinsu.

Nan take aka ji kuka daga Arewa cewa 'yan Arewa aka nufa, domin su ne suka fi yawa a cikin waɗanda guguwar za ta fara kwashewa. Su kuma 'yan kudu suka mayar da martani cewa ai da ma da yawa daga cikin waɗannan manya daga aikin jiha aka ɗauko su aka ɗora a kan manyan matakai don cike kason jihohinsu, suka tsallake waɗanda suka faro daga ƙasa a aikin tarayya. A ganinmu kowane ɓangare na da ƙamshin gaskiya, kuma abin da ya sa rigimar ta ƙi mutuwa ke nan. Gwamnatin Muhammadu Buhari ta dakatar da ƙa'idar a 2016, sannan aka dawo da ita cikin sabon kundin dokokin aiki da aka fara amfani da shi a watan Yuli na 2023. Cikin shekara 14 an kafa, an tuge, an sake kafawa, kuma kowane juyi akwai wanda ya tafi gida da wanda ya hau.

A gidan kwastan

Mu dawo inda ya fi shafar aljihunmu. A watan Agusta na 2015, bayan tafiyar Abdullahi Dikko Inde, Shugaba Buhari ya naɗa Kanar Hamid Ali mai ritaya, tsohon gwamnan soja na Jihar Kaduna, a matsayin Kwanturola-Janar na kwastan. Kamar Gaperi a Lome, shi ma daga waje aka kawo shi, da irin wannan hujja ta cewa na ciki ba zai iya gyara na ciki ba. Kafin ƙarshen watan Oktoba na wannan shekara, mataimakansa biyar, waɗanda kowannensu ya yi shekaru yana hangen kujerar, duk sun ajiye aiki. A 2017 kuma aka yi ta kai ruwa rana tsakaninsa da Majalisar Dattawa a kan ƙin sa kakin kwastan da ya yi.

Amma adalci ne mu faɗi cewa a wannan shekara ta 2017 ya cire wata ƙaya da ta daɗe tana sukar ƙananan jami'ai, wato bambancin da ake nunawa tsakanin mai digirin jami'a da mai babbar difloma ta kwalejin kimiyya da fasaha. A da, su biyun za su shiga aiki rana ɗaya, su tsaya a shinge ɗaya a Jibiya ko Illela ko Kamba, amma a sa mai difloma a mataki na ƙasa, kuma akwai inda in ya kai ba zai wuce ba komai ƙwazonsa. Sabuwar dokar kwastan ta 2023 kuma ta rufe ƙofar kawo baƙo, inda ta ce dole shugaban hukumar ya fito daga cikin jami'anta, kuma muƙaminsa bai gaza Mataimakin Kwanturola-Janar mai daraja ta biyu ba. A watan Yuni na wannan shekara aka naɗa Adewale Adeniyi, ɗan gida.

A 'yan sanda da soja kuwa al'adar ta fi tsanani, domin babba ba ya sara wa ƙaninsa. Lokacin da aka naɗa Ibrahim Idris Sufeto-Janar na 'yan sanda a 2016, sai da aka yi wa masu muƙamin AIG su 21 ritaya, ban da waɗanda ke sama da su. Kujera guda, an zubar da mutum sama da ashirin da ƙasa ta kashe kuɗi ta horar. Mu a kasuwa, in maigida ya ɗora ƙaramin yaro a kan shago, ba ya korar manyan, yakan sallame su da jari ne su buɗe nasu.

Ba mu kaɗai ba ne

A Indiya, inda ake ware wa ƙabilun da aka daɗe ana dannewa kaso a aikin gwamnati, kotun ƙoli ta yanke hukunci a 1992 cewa kason ya tsaya a ɗaukar aiki, kada ya shiga ƙarin girma. Majalisa ta gyara tsarin mulki a 1995 ta shigar da shi, ta sake gyarawa a 2001 ta ce wanda kaso ya ɗaga ya riƙe fifikonsa a kan wanda ya bari a baya. A 2006 da 2018 sai da aka sake komawa gaban kotun ƙoli. A Nijar kuma kason da aka rubuta a doka na mata ne: dokar shekarar 2000 ta ba su aƙalla kashi 25 na manyan muƙaman da ake naɗawa, aka ɗaga zuwa 30 a 2019.

Mu dai ra'ayinmu shi ne, kaso a bakin ƙofa yana da hujja mai ƙarfi, domin yaron da ya yi karatu a ƙarƙashin bishiya a ƙauyen Zamfara da wanda ya yi a Legas ba daga wuri ɗaya suka fara tsere ba, kuma ƙasar da wani yanki ba ya ganin nasa a ofis ba ta zama lafiya. Amma bayan mutum biyu sun shekara goma sha biyar a ofis ɗaya, suna shan rana ɗaya, da wuya a gamsar da wanda aka bari cewa garin kakansa ne ya ja masa. Mafi muni kuma, abin da muka fi gani da idonmu bai shafi kaso ko daɗewa ko jarrabawa ba, takardar wani babba ce. Sau da yawa da sunan kason jiha ake shigar da ɗan mai ƙarfi, talakan jihar bai ma ji an yi ba.

Ina kason ɗan zango?

Akwai tambayar da ta fi damunmu, mu da aka haifa ko muka haifi 'ya'ya a zango. Ƙa'idar Hukumar Raba Daidai ta ce ɗan asalin ƙaramar hukuma shi ne wanda ɗaya daga cikin iyayensa ko kakanninsa ɗan asalin wurin ne, ko wanda ƙaramar hukumar ta yarda nata ne. Zama a gari, ko da na shekara hamsin ne ana biyan haraji, ba ya ba mutum kaso. Matar aure ma kason garin ubanta take ci. A 2012 Babbar Jojin Nijeriya Aloma Mukhtar ta ƙi rantsar da Mai Shari'a Ifeoma Jombo-Ofo a kotun ɗaukaka ƙara tare da sauran abokanta, saboda an gabatar da ita a kason Abiya, jihar mijinta inda ta yi shekaru tana aiki, alhali ita haifaffiyar Anambra ce. Sai da aka yi ta surutu, har Majalisar Dattawa ta sa baki, kafin a rantsar da ita. In mai shari'a ta sha wannan, ina ga ɗan mai sayar da goro? A Jos ma, naɗin wani Bahaushe a kan shirin yaƙi da talauci na ƙaramar hukumar Jos ta Arewa na cikin abubuwan da suka hura wutar rikicin watan Satumba na 2001, domin an ce shi baƙo ne.

A nan Lome, Hausawa sun fi shekara ɗari. Tsohon zango da ke tsakiyar gari an rushe shi a 1977, aka kwashe jama'a zuwa can arewa da birni, inda ake kira Agwe Zongo a yau, wasu suka bazu cikin unguwanni irin wannan tamu. Jikokin waɗannan mutane a nan aka haife su, sun yi lakwal a nan, suna jin Faransanci da Mina kamar kowa. Amma mai son zama konkur na duwan ko na kowane aikin gwamnati sai ya kawo takardar shaidar zama ɗan ƙasa, ita kuma ana neman a ga takardar uba ko ta uwa kafin a ba da ita. Kakan da ya zo da jakuna daga Kano ko Gobir bai bar takarda ba, uba ya ga kasuwa ta ishe shi bai nema ba. Idan yaron ya juya Nijeriya, sai a ce ya kawo takardar ƙaramar hukuma, ya je garin da bai taɓa kwana ba, a tambaye shi gidan wa, mai unguwa ya ce shi bai san shi ba.

Da yawa daga cikin irin waɗannan yara, masu takardar kammala jami'a a cikin akwati, su ne muke gani kowace safiya a ƙofar tashar jiragen ruwa, riƙe da takardun kayan wani, suna jiran jami'in da suka yi aji ɗaya da shi ya sa musu hannu.